Ranar da Inna Ta Ambaci Sunana a Kotun Gider

Ana sallame sallar asuba muka bar gida, ni da Inna, kowa da ƙullinsa. Masu bina a nan sun san ni da hoton kilishi da dambun nama, to yau labarin ba na nama ba ne. Gider muka nufa, garin da aka haife ni, domin in je in roƙi alƙali ya yarda cewa an haife nin.

Ga yadda abin ya faro. Bayan rasuwar maigidana, maƙwabcinmu ya ja katangarsa ta cinye rabin filin da nake shanya kilishi. Na je wurin 'yan sanda a nan Garwa zan kai ƙara, suka ce in kawo katin ɗan ƙasa. Ba ni da shi, domin ba a taɓa yi mini takardar haihuwa ba. Baba ya yi wa ƙannena maza, ni kuwa ya ce mace gidan miji za ta, me za ta yi da takarda. Ɗan sandan ya ce in turo wani namiji daga gidan ya shigar mini. Na haura arba'in, na aurar da 'ya, ina ciyar da gida, amma a idon doka babu ni. Ko layin wayar nan da nake rubuto muku da sunan ɗana aka yanke shi. Na fito ina huci, na rantse ni da kaina zan shigar da ƙarar nan.

Aka ce hanya ɗaya ce: in koma inda aka haife ni da shaidu biyu, kotu ta yanke hukunci. Na aika da buƙata, aka aiko mini da takardar kira. Baba ya rasu, ungozomar da ta yanke mini cibi ta daɗe a ƙasa. Saura Inna. Ni kuwa 'yar fari ce, kuma Inna irin matan da ne. Tun da na yi wayo ban taɓa jin sunana a bakinta ba. "Ke" nake, ko "waccan". Idan baƙo ya tambaye ta ko ni 'yarta ce, sai ta kawar da kai ta ce ta mutanen gidan ce. Da na gaya mata abin da kotu ke so, ba ta ce za ta faɗa ba, ba ta ce ba za ta faɗa ba. Mayafinta kawai ta ɗauka.

A tasha yaran mota suka cusa mu biyar a kujerar mutum huɗu, da buhun albasa a ƙarƙashin ƙafafunmu. Mun wuce Pitowa rana na fitowa, duwatsu a hagu sun yi ja, mata suna tafe a gefen titi da itace a ka. Titin yana da kyau har ka fara gyangyaɗi, sai rami ya tashe ka. Manyan motocin siminti daga Figil suna wuce mu, kowace sai ta girgiza tamu kamar za ta tafi da ita.

Abin da ya hana ni tafiye-tafiye duk shekarun nan shi ne shingen jandarma, jami'an tsaron da ke duba takardu a hanya, kuma mun same shi. Kowa ya miƙa katinsa, ni aka ce in sauko. Na tsaya a rana ina bayani, fasinjoji suna tsaki saboda na ɓata musu lokaci. Da na nuna takardar kiran kotu, jandarman ya yi dariya ya ce da Fulatanci, "Wato sai yanzu za a haife ki? Allah ya raya." Ya sake mu. Inna tana ta taga tana kallon wani wuri daban, kamar ba tare muke ba.

Gider garin gyaɗa ne. Tun daga bakin tasha ƙamshinta ke tarbar mutum, soyayya da dafaffiya da ƙuli-ƙuli, kuma arha har sai da na ji kunyar abin da muke biya a Garwa. Muka karya da kunun gyaɗa da ƙosai mai zafi a wurin wata mata da ta gane Inna, ta ƙi karɓar ko dala. A gidan wani tsohon mahauci muka sauka, aminin Baba, wanda shi ne shaidata na biyu. Shi ya yanka ragon sunana.

Kafin kotu sai da muka yi yawon ofis-ofis a bayan babur. A ofishin magajin gari aka ba ni takarda mai tabbatar da cewa ba ni da takarda. A asibiti likita ya ƙiyasta shekaruna, har da leƙa haƙorana. Tsohon mahaucin ya ce shi ma haka yake yi wa saniya a kara, kuma da an ba shi aikin da ya fi likitan sauri.

Washegari muka shiga kotu. Na zaci ni kaɗai ce, ashe zauren cike yake, kuma yawanci mata ne: masu goyo, tsofaffi, 'yan makaranta da rashin takarda ya hana su zana jarrabawa. Alƙaliyar mace ce 'yar kudu, cikin baƙar riga, tana magana da Faransanci tafinta yana juyawa. Tsohon ya fara ba da shaida. Ya kwatanta ragon tun daga ƙaho har wutsiya, fari mai baƙin kunne, aka yi ta dariya. Alƙaliya ta ce ta gamsu da ragon, amma wanda ya ga haihuwar take so.

Aka kira Inna. Ta miƙe a hankali, ta ja mayafi har goshi. Tafinta ya tambaye ta ko ta san matar nan. Ta ce, "Ana ganinta." Ya ce 'yar wace ce? Ta ce, "Ta gidanmu ce." Alƙaliya ta ajiye alƙalami, fuskarta ta nuna ta fara zargin shaidar haya muka kawo. Tafinta ya yi mata bayanin kunyar ɗan fari, ta saurara, ta gyaɗa kai, sannan ta ce tana girmama al'ada amma ba za ta iya rubuta "ta gidanmu" ba. In uwar ba ta faɗa da bakinta ba, sai a ɗage zaman.

Ban dubi Inna ba, domin na san in na dube ta na ƙara mata nauyi. Wata tsohuwa daga baya ta ɗaga murya ta ce, "Faɗi mana, baiwar Allah, duk mun rufe kunnuwanmu." Sai na ji Inna ta yi gyaran murya.

"Ni na haife ta," in ji ta. "Da damina, a ɗakin uwata, bayan masallacin mahauta. Kwana biyu ina naƙuda. Sunanta Zulaihatu. 'Yata ce."

Ban san lokacin da kuka ya ƙwace mini ba. Wata ta rangaɗa guɗa a cikin kotu, ɗan sanda yana tsawa, matan ba su ko kula shi ba. Alƙaliya ta buga tebur tana ɓoye murmushi, ta yanke hukunci a rubuta ni. Wallahi ko ranar aurena ban ji daɗi irin na wannan rana ba. Muna fita na saye tiren gyaɗar wata mai talla gaba ɗaya na raba wa matan da ke jiran a kira su.

A hanyar dawowa ban ji ramukan ba. Mun shigo Garwa da la'asar, unguwa ta cika gidan kamar mun dawo daga Makka. Katin zai ɗauki lokaci, amma da takardar wucin gadi da aka ba ni daga baya na koma wurin 'yan sanda, na shigar da ƙarata da sunana, na sa hannu da kaina. An aika wa maƙwabcin sammaci, kuma tun ranar ya koyi gaishe ni.

Abin da na koyo a tafiyar nan shi ne, mu mata muka fi kowa sanin wanda aka haifa da ranar da aka haife shi, amma mu aka bari babu rubutu, kuma mu aka koya wa yin shiru. Duk mai 'ya mace ya je ya yi mata takarda tun tana cikin zanen goyo, kada ya bar ta sai ta tsufa ta ja uwarta gaban alƙali.

A daren ranar da muka dawo, da baƙi suka watse na kai wa Inna shayi, na zauna kusa da ita na ce ta ƙara faɗin sunan, ko sau ɗaya, yanzu da babu kowa. Ta harare ni ta ce, "Ke, nan kotu ce?" Na yi dariya har da hawaye. Sau ɗaya ta faɗa, a gaban hukuma da jama'a, kuma ya ishe ni har in koma ga Allah.