Lauyar Gadarmu

A tashar Yelwa wata lauya tana zaune gidan gaban mota, baƙin siket, farar riga, fayil a cinya. Tana goge lakar takalminta da hankici tana waya: "Ranka ya daɗe, masu sasanci sun ba ɗan kwangila gaskiya, amma gobe kotu za ta sake dubawa. Na ga gadar, ginshiƙai biyu ne kawai."

Gadar ƙauyenmu take nufi. Ba ta girme ni ba. Ƙila ita ba a cire ta daga makaranta ba. Sau ɗaya ta taka lakarmu, alƙali zai saurare ta. Ni da na shekara shida ina ratsa ruwan da kwando a kai, direba ke ce mini, "Mai kifi, koma baya, ƙarni zai dame ta."