Dariyar da Roland Garside Bai Ji Ba

Duk wanda ya taso a arewacin Ingila a zamanin da tashoshin talabijin ba su kai yatsun hannu ɗaya ba, ya san fuskar Roland Garside ko da bai riƙe sunansa ba. Shi ne dogon nan mai fuskar wanda aka yi wa rasuwa, mai zuba wa direbobin bas shayi a shirin barkwancin nan Tashar Ƙarshe. In ka gan shi a kan titi sai ka rantse bai taɓa sa kowa dariya ba. Matarsa Hazel takan ce ita dai ta auri mutumin da ke sayar da dariya a waje, ya sayo fargaba ya kawo mata gida.

A Rochdale aka haife shi, a saman shagon babansa na soyayyen kifi da dankali. Tsohon ba mai yawan magana ba ne, kuma har ya koma ga Mahaliccinsa bai yarda cewa barkwanci sana'a ce ba. Amma a bayan kantarsa Roland ya yi karatunsa na gaske. Ranar Juma'a layi kan kai har waje, wani ya yi ƙorafin kifinsa ƙarami ne, sai yaron ya yi shiru kamar bai ji ba, ya naɗe kifin, ya barbaɗa gishiri, sai mutumin ya miƙo hannu sannan ya saki amsa. Nan ya gane cewa magana ɗaya ce, in ka faɗe ta da wuri ta zama rashin kunya, in ka ɗan jinkirta layi ya fashe da dariya.

Daga shago sai kulob-kulob na leburori, inda in ba ka burge su ba ko ihu ba za su yi maka ba, giyarsu kawai za su ci gaba da sha kana tsaye kana zufa. A can ya haɗu da Dudley Pybus, wani gajere mai tumbi, tsohon kwandastan bas. Suka ƙulla. Yadda suke aiki kuwa, Dudley ya miƙe a doguwar kujera yana zuba, Roland na gaban keken rubutu yana tsintar abin da zai tsinta. Sun daɗe suna aika wa gidan rediyo abin dariya ana dawo musu da shi, kafin a fara karɓa, kafin kuma talabijin ta neme su. Su suke rubuta Tashar Ƙarshe, su ne kuma manyan 'yan wasanta.

To, shiri irin wannan a gaban jama'a ake ɗaukarsa, da yammacin Juma'a, mutum wajen ɗari uku zaune a duhu bayan kyamarori. Dariyar jama'a kuwa kamar madara take a kan wuta, ta taso, ta cika, ta fara sauka. Daidai lokacin da ta fara saukar nan ɗan wasa zai jefa magana ta gaba. In ya makara wuri ya huce. In ya yi gaggawa, shi ne masu sana'ar ke cewa ya taka dariya, kuma ba laifin da ya fi wannan, don jama'a sai su haɗiye dariyarsu, su shiga tsoron sakewa kada wata magana ta wuce su. A wannan fage ba a haɗa Roland da kowa. Matasan 'yan wasa kan laɓe a gefe ba don komai ba sai don su ga yadda yake jira.

Ya ba hamsin baya kaɗan kunnen hagu ya fara nauyi, na dama ya biyo shi. Hazel ce ta fara lura, a yi ta buga ƙofa yana zaune da jarida. A wurin aiki kuwa cewa ake Garside ya fara girman kai, ka gaishe shi ya yi kunnen uwar shegu da kai. Shi kuma ya gwammace a ce masa mai girman kai. Likita ya ba shi abin maƙalawa a kunne, ya gwada sau ɗaya a wurin gwaji, abin ya dinga fito duk sanda makirufo ya matso, mai kula da sauti ya yi ta zagin wayoyinsa yana neman inda ƙarar ke fitowa. Roland ya lallaɓa ban ɗaki ya cire, bai sake sa shi ba. Ya ga yadda ake yi wa ɗan wasan da ya gaza. Sai a yanka kek, a ba ka agogon bango, a ce ka je ka huta, washegari mai gadi ya tambaye ka wa kake nema. Tsoron wannan rana ya hana shi jin daɗin abinci.

Maganganun 'yan wasa ba su dame shi ba, shi ya rubuta su, kuma ya iya bin leɓe. Dariya ce matsalar, don daga duhu take zuwa, fitilu kuma na dukan idonsa. Ana cikin haka sai ya lura da wani abu. Duk sanda jama'a suka fashe, Dudley sai ya ɗaga kofin shayinsa ya kai baki ya tsaya, in dariyar ta fara sauka ya dire kofin a kan faranti. Babu wannan a rubutu. Roland ya gwada bin kofin, sai ga shi daidai. Haka suka yi shekaru, kuma wallahi ko sau ɗaya ɗayansu bai ta da zancen ba. Mutanen Rochdale ke nan, mutum zai iya ba ka ƙodarsa amma ba zai iya tambayarka me ke damunka ba.

Saura shiri ɗaya a rufe zangon wannan shekarar, manyan tashar kuma na shawarar ko a sabunta ko a bari, zuciyar Dudley ta kwantar da shi a asibiti. Roland ya je dubiya da inabi a jakar takarda. Likitoci sun hana Dudley cin komai, shi kuma mai dubiya don ruɗewa ya zauna yana tsinka yana kaiwa baki har ya bar tsirarar sanda. Sun yi zancen ƙwallo, sun zagi abincin asibiti. Da zai tafi Dudley ya riƙo hannun rigarsa, ya juyo da fuskarsa sosai yadda za a ga bakinsa.

"Kai ɗan mai kifi, wa zai sha maka shayi ranar Juma'a?"

Roland ya zame hannunsa. Ya leƙa taga ya ce da alama za a yi ruwa, gara ya kama hanya.

Ya sake rubuta shirin shi kaɗai a ƙarshen mako. A labarin ma aka kwantar da abokin nasa a asibiti, aka kawo wata 'yar wasa ta fito a matsayin yayarsa. Hazel ta yi ta fama da shi ya gaya wa 'yar wasan zancen kunnensa, ko ya gaya wa furodusar shirin, Imogen Sayle. Ya ce gaya wa mutum ɗaya a wannan gini daidai yake da yin shela a rediyo. Ta ce to ai gara shelar da ya tsaya gaban duniya ya ji kunya. Ya juya mata kunnen hagu, wanda ta sani sarai ba ya jin komai da shi, ta yi tsaki ta bar masa ɗakin.

Dabarar da ya dogara da ita kuwa ita ce karatun Litinin. A al'adar aikin, kowace Litinin da safe ana zama a dogon tebur, 'yan wasa da ma'aikata, a karanta shirin daga farko har ƙarshe. Imogen na riƙe da fensir, duk maganar da ta ba mutanen tebur dariya sai ta ja mata layi ɗaya a gefe, in dariyar mai ƙarfi ce ta ja biyu. Roland ya riga kowa zuwa ya kama kujerar kusa da ita. Yana karanta nasa, ido ɗaya na kan fensir. Layi ɗaya, zai ɗan dakata ke nan ranar Juma'a. Layi biyu, ya daɗa jira. Inda fensir bai motsa ba, ya wuce abinsa.

Akwai wurin da ya fi ƙauna a rubutun. Yayar ta tambaye shi ko ya je duba ƙanenta, shi kuma ya amsa: "Na je mana. Na kai masa inabi, aka ce ba zai ci ba, sai na zauna na cinye a gabansa don kada ya ga kamar ba a damu da shi ba." Ya karanta, ya saci kallon fensir. Ko motsi. Ya ɗaga kai ya ga kowa ya sunkuyar da nasa. Abin da bai gane ba, mutanen teburin nan duk na Dudley ne, kujerarsa na nan ba kowa a kai, kunya da tausayi ne suka riƙe musu dariya, har mai kayan kwalliya na jan hanci. Da yana ji da ya ji irin shirun. Shi dai ya ɗauka maganar ta mutu. Ya nemi a cire ta, Imogen ta ce ko kusa, ya ce a ransa tausayinsa take ji.

Daga Litinin zuwa Juma'a ya haddace wuraren tsayawarsa kamar mai shirin jarrabawa. Ya rame a tsaye. Ranar Juma'a ya ɗaura rigar aikinsa ta shagon shayi, ya kwance, ya sake ɗaurawa. Hazel ta samu kujera cikin jama'a, ta ce in ya faɗi a kusa take.

Aka kunna fitilu aka fara. Ya faɗi magana ta farko mai layi ɗaya, ya dakata, ya ci gaba, 'yar wasan ta karɓa ba tare da alamar komai ba. Ta biyu ma haka. Mai layi biyu ya jira ya goge kantar shagon da tsumma, ya dawo daidai. Zufa na bin bayansa, amma can ƙasan zuciyarsa ya fara cewa ashe za a tsallake. Har ya fara jin ɗan daɗin nan na da.

Sai aka zo kan inabi. Ya faɗe ta da fuskar nan tasa ta makoki, bai ko numfasa ba ya zarce magana ta gaba, don ya san nan ba komai. Ya ga idon 'yar wasan ya fito. Lokacin maganarta ya yi ba ta ce uffan ba. Ya ɗauka ta manta, sai ya yi mata karamcin 'yan wasa, ya ɗauke maganarta ya haɗa da tasa ya ci gaba da zuba, yana yaba wa kansa da ya rufa mata asiri. Yana cikin haka Kelvin, mai kula da dandali, wanda suka shekara goma sha suna aiki tare, ya shigo gaban kyamara yana kaɗa hannu. Aka tsaya, aka kunna fitilun da ke kan jama'a.

Kelvin ya matso yana murmushin mamaki.

"Haba Mista Garside, yau kai ne da taka dariya? Sai mun sake. Irin wannan ai ba a samunta sau biyu."

Makirufo na rataye bisa kan Roland, ba a kashe shi ba, muryarsa na fita ta kowace lasifika a zauren. Ya san da haka shekara da shekaru, amma a wannan lokacin ya manta.

"Wace dariya?"

Jama'a suka ɗauka wasa ne. Ya juya ya gan su a fili cikin haske, bakuna a buɗe, kafaɗu na rawa, wasu na tafi, wani tsoho na dukan cinyarsa. Shi kuwa abin da ke iso masa bai fi gurnanin mota a can nesa ba. Ya maido idonsa kan Kelvin, ya ga murmushin ya ɓace. Mai riƙe da makirufo ya kau da kai. 'Yar wasan ta dafe bakinta.

Imogen ta sauko daga ɗakin da take kallo. Ba ta yi masa raɗa a kunne ba kamar yadda ta saba. Ta zo ta tsaya daidai gabansa, ta ɗaga fuskarta, ta buɗe baki sosai tana fitar da kalmomi ɗaya bayan ɗaya.

"Tun yaushe, Roland?"

Ya ce ya ɗan kwana biyu. Ta ce za ta tsaya gefen kyamarar tsakiya, in ta sauke hannu ya shiga. Aka sake ɗauka. Jama'a suka yi ƙoƙarinsu, amma dariyar karo na biyu kowa ya san sadaka ce, ita ce kuma ta fita a talabijin. Wannan ce tsayuwarsa ta ƙarshe gaban kyamara. Ba wanda ya kore shi, shi ya ce ya isa, ya koma kan keken rubutunsa yana rubuta wa wasu.

A ranar dai, bayan an watse, Hazel ta same shi a ɗakin sauya kaya zaune gaban madubi, bai ko cire rigar shagon ba. Ta shirya faɗa iri-iri tun daga kujerarta, da ta gan shi sai ta fasa. Ya jawo mata kujera ya ajiye inda haske zai faɗa kan bakinta.

"Dariyar farkon," ya ce, "yaya take?"

Ta gaya masa. Ta ce matar da ke kusa da ita sai da ta cire tabarau tana share hawaye. Ta ce daga kujerun baya aka faro, ta gangaro gaba, har masu kyamara na girgiza, wani ya ƙwala kiran sunan Dudley aka soma tafi. Ta ce shekara talatin tana zama cikin jama'arsa ba ta taɓa jin irinta ba, kuma ba ta ma gama tasowa ba ya shiga tsakiyarta da magana, mutane suka yi ta cewa juna a yi shiru.

Ya bi bakinta da ido har ta gama. Ya ce ta sake faɗa masa daga farko, a hankali.