Iliyasu na Furana, Mai Ɗinke Tarun da Aka Yanka Don Dolfin

Duk wanda ya bi ta bakin masallacin unguwarmu a Furana da hantsi zai ga wani dattijo a kan tabarma, ya ɗaura igiya a babban yatsan ƙafarsa yana saƙa takunkumin shanun noma. Ba ya kallon hannunsa. Idon ma ya yi rauni, yanar ido ta rufe na hagu, yatsun ne suka san hanyarsu. Idan ka yi masa sallama zai tambaye ka gida da iyali da gona, har lafiyar jakinka sai ya ji, hannun kuwa bai tsaya ba. Wannan shi ne Malam Iliyasu, wanda ya dawo gida bayan babbar salla, bayan shekara talatin da ɗaya a bakin teku.

Yawancin mutanen garinmu abin da suka sani kawai shi ne ya daɗe a kudu. Ni Tukur, manomin barkono da masara, karatuna bai yi nisa ba, amma na ga aikinsa da idona, kuma ɗana Saminu ya zauna a hannunsa shekara uku. Shi ya sa na ce sai na rubuta.

Yana da ƙuruciyarsa ya bi motar barkono, aikinsa ɗinke bakin buhu da basilla. Tafiya ta kai shi wani ƙauyen masunta can gaba da Fatakwal, inda kogi ke shiga teku. Wata tsohuwa mai gyaran taru ta ga yadda yake riƙe allura, ta zaunar da shi ta koya masa sana'arta. Tun daga nan, kullum idan ya idar da sallar asuba sai ya shiga rumfarsa ta ganyen kwakwa. Kafin rana ta ɗaga jirage sun fara dawowa, ana jibge masa yagaggun taruna. Samarin Ikara da Makarfi da Kudan da ke zuwa cirani kuwa, a wurinsa suke sauka, shi ne ubansu a can.

A tekun nan akwai wata dabba da ake kira dolfin. Siffarta ta kifi, girmanta ya kai na ɗan maraƙi, amma ba kifi ba ce. Haihuwa take yi, tana shayar da ɗanta nono, kuma iska take shaƙa ta wata ƙofa a saman kanta. Dole ta riƙa tasowa tana numfashi. Idan taru ya riƙe ta a ƙasan ruwa, cikin 'yan mintuna ta nutse ta mutu kamar ni da kai. Da farko ban yarda ba da aka ce min akwai dabbar ruwa da ruwa ke ci.

Masunta sun san inda dolfin ya taru nan kifi yake, saboda haka nan suke zuba taru. Tarun zamani kuma na roba ne, siriri, ba a ganinsa a ruwa. Idan dolfin ya faɗa, hanya ɗaya ce ta ceto shi, a sa wuƙa a yanka tarun nan take. Shi kuwa masunci tarunsa ne gonarsa. Wa zai yanka gonarsa saboda dabbar da ba tasa ba?

Inuwa, wani ɗan Gazara da ya yi shekaru yana dakon busasshen kifi a can, shi ya ba ni labarin yadda abin ya fara. Wata rana aka jawo wata macen dolfin matacciya kan yashi. Da aka sa mata wuƙa don a yi abincin ƙugiya da namanta, sai nono ya zubo fari tas. Ɗanta kuwa ya yini biyu yana kewaya bakin kogin. Malam Iliyasu ya tashi cikin awaki, ya san abin da hakan ke nufi. Bai yi wa kowa wa'azi ba. Ya bi masu jirage ɗaya bayan ɗaya ya ce musu, "Duk wanda dolfin ya faɗa tarunsa, ya yanka ya sake shi. Ku kawo min tarun. Ɗinkin nawa ne, zaren ma nawa ne."

Suka yi masa dariya, suka sa masa suna Abokin Kifi. Amma da mutum ɗaya ya gwada, ya ga an mayar masa da tarunsa kamar sabo, sai na biyu ya biyo. Har masu wayo suka samu, wanda dutse ya yaga wa taru sai ya kawo ya ce dolfin ne. Malam Iliyasu ya san yankan wuƙa, ya san yagar dutse. Sai ya shafa wurin ya ce, "Wannan dolfin naka da ganinsa bai taɓa motsi ba tun da aka halicce shi." A yi dariya, mutumin ya sosa ƙeya.

Ni duk wannan ban san shi ba sai ranar da Inuwa ya kira ni a waya ina tsakiyar gona.

"Baba Tukur, ka yi haƙuri, Saminu ya yanka tarun mutane. An kore shi daga jirgi, mai jirgin ya ce kada wanda ya sake ɗaukarsa."

Fartanya ta faɗi daga hannuna. Yaron da na yi wa tarbiyya, shekararsa ashirin da biyar, ya zama mai ɓarna a garin mutane? Dama tun ranar da ya tafi hankalina bai taɓa kwanciya ba, don mu nan ruwan da muka sani bai wuce rafi da dam ba. Na ce da mahaifiyarsa Zulai ta haɗa min kaya, ba zan dawo ba sai da shi.

Kwana biyu na yi a mota. Na isa da azahar na tarar da Malam Iliyasu a rumfa, wani ƙaton taru shimfiɗe a cinyarsa, yatsunsa sun kumbura. Kwanansa huɗu ke nan a kai. Saminu na ɗaya gefen yana ɗinki shi ma.

"Tukur, kai ne da kanka? Wa ka bar wa barkonon?"

"Yaya, na zo tafiya da yarona ne. An ce ya zama maɓarnaci."

"Zauna ka sha ruwa tukuna. Ba wancan na gabanka ba, wancan gishiri ne."

Ya warware min zancen. Mai jirgin baƙo ne, bai san da alkawarin ɗinki ba, tarunsa kuma sabo fil. Dolfin ya faɗa, Saminu ya ga yana shure-shure, bai tsaya neman izini ba ya zaro wuƙa. Da yammar ranar da na isa, bayan sun gama ɗinkin, mai jirgin ya zo, fuska a murtuke. Ya bi tarun nan taku bayan taku yana neman inda aka yanka. Ya je ya dawo. Can da 'yar Hausar da ya tsinta ya ce, "Baba, ina wuri?"

"Kai da tarunka? Nemo mana."

Bai samu ba. Ya tsaya yana girgiza kai, sannan ya nuna Saminu ya ce gobe ya fito aiki.

Washegari da safe Malam Iliyasu ya ja ni bakin kogin. Na tsaya nesa da ruwan, takalmina a hannu. Sai ga su, sun kai takwas, bayansu na tasowa yana nutsewa, kana jin hucinsu. Suka kewaye wani garken ƙananan kifaye, suna matse shi kamar yadda makiyaya ke tattara tumaki, har ruwan wurin ya yi baƙi yana tafasa. Sannan ɗaya ya ratsa tsakiya da gudu ya cafki nasa, ya koma gefe ya tsare, wani ya shiga.

"Baba, ka gani, ba sa wawaso," in ji Saminu. "Layi suke bi. Ko ruwa ya yi duhu, ƙara suke yi, amon ya dawo musu, su gane inda kifi yake. Kuma ba sa tauna, ta kai suke haɗiye shi."

"Sun fi mutanen Furana tsari a gidan biki," in ji Malam Iliyasu.

Ya ce da can sukan zo ashirin, talatin. Yanzu manyan jirage sun kwashe kifin, tsofaffin taruna da aka zubar suna yawo a ruwa suna kama su, ga leda, ga man da ke malala. Na saurara, na kuma yarda. Amma da na ga kwale-kwale ya hau igiyar ruwa ya ɓace a bayanta, sai na ce ni dai da ɗana zan koma.

Malam Iliyasu ya juyo gare ni. Ya ce idonsa ya fara gajiya, yana shirin komawa gida baɗi, kuma a duk samarin da suka ratsa rumfarsa Saminu ne kaɗai hannunsa ya faɗa. Iyakar abin da ya faɗa ke nan. Da ya ga ban sauko ba, sai ya ce, "Ɗanka ne. Saminu, tashi ka haɗa kayanka."

Saminu ya biyo ni gida. Damina biyu muka yi tare, ba ya ƙorafi, ba wanda ya fi shi sammako a gona. Malam Iliyasu kuwa, da ya ce baɗi, bai dawo ba. Ya ƙara shekara biyu yana ɗinki da laluben yatsa, don ya san ranar da rumfar ta rufe, ranar za a daina yanka taru. Sai da likita ya ce in ba a yi masa aikin ido ba zai rasa na daman ma, sannan ya haƙura.

Na je yi masa barka da zuwa. Muna cikin gaisawa wayarsa ta yi ƙara, ya buɗe murya don kunnen ma sai a hankali. Mai jirgin nan ne. Ya ce jiya dolfin ya faɗa tarun wani, yaran jirgin suka ƙi yankawa tunda babu mai ɗinkewa, suka jawo shi matacce. Malam Iliyasu ya yi salati a hankali, ya ajiye wayar, ya ci gaba da tambayata farashin taki. Ko kallona bai yi ba.

"Yaya, shekara biyu, me ya sa ba ka taɓa yi min maganar yaron nan ba?"

"In ce maka me, Tukur? Kai ka haife shi, kai ka san abin da kake ji. Ni dabba nake tausayi, ba zan tsallake tausayin uba ba."

Na koma gida na sami Zulai tana tankaɗe. Ban gama kame-kame ba ta katse ni.

"Malam, ni tun bara na san jikin Saminu ne kawai a gidan nan. Kai nake jira."

Ranar kasuwar Makarfi Saminu ya hau mota, da allurorin Malam Iliyasu a jakarsa. Sharaɗi ɗaya na kafa masa, na sa Inuwa ya nemo masa rigar nan mai hana nutsewa, na ce ko alwala zai yi a bakin ruwa ya sa ta.

Malam Iliyasu, kai ne ka ga abin tausayi ba ka tsaya zagin masu yi ba, ka nemi inda asarar take ka ɗauke ta a kanka. Kai ne uban baƙi a rumfar kwakwa, wanda ba a taɓa jin ɗan Ikara ya kwana da yunwa a hannunsa ba. Ba ka da takardar makaranta, ba wani ofis da ya san sunanka, amma dabbobin da ke numfashi a tekun nan yau saboda yatsunka, Allah kaɗai ya san adadinsu. Kuma kai ne ka bar ni da tsorona har na gaji da shi don kaina.

Jama'a, ba sai mun je teku ba. Malam Iliyasu ne ya faɗa min cewa ledar da muke watsarwa da robar maganin feshi da muke jefawa a rafi, da yawansu ruwa ne ke miƙa su daga kogi zuwa kogi har can. Mu tattara abinmu. Wanda kuma yake da sana'a a hannu, ya duba ko akwai wani alheri da mutane ke gudu saboda tsoron asara, ya ce musu su yi, shi zai gyara.

Saminu ya buɗe rumfar, an fara kawo masa taruna masu yankan wuƙa. Har gobe idan na ji iska ta taso a Furana sai na ɗauki waya na tambaye shi yaya ruwa, ya yi dariya ya ce, "Baba, iskarku daban, tamu daban." Tsoron bai bar ni ba, amma ban sake ce masa ya dawo ba, kuma ba zan ce ba. Na gode, Yaya Iliyasu. Allah ya sa a yi aikin idon nan a sa'a.