Mai Makulli Ba Ya Nan

Kawuna, ƙanin mahaifiyata, ya shekara goma sha bakwai yana akawu a ofishin rajista na wata kwaleji mai zaman kanta. Ɗan ƙaramin ɗaki ne: fanka mai ƙugi, tebur da aka tallafe ƙafarsa da tsohon kundi, sai kabad ɗin ƙarfe mai durowa huɗu. A gida mun san shi da gudun abin magana, ko allura ya tsinta sai ya yi cigiya.

Dokar mai kwalejin ita ce duk ɗalibin da ya shigo ya miƙa takardar shaidarsa ta sakandare, ta asali, wai don tantancewa. Kowa a ofishin ya san dawar garin: wanda takardarsa ke hannunka ba ya gudu wata makaranta. In ɗalibi ya zo karɓa, abin da aka koya wa Kawu ya ce shi ne, "Mai makulli ba ya nan." Makullin kuwa yana aljihun rigarsa.

Wata ɗaliba, 'yar wani mai gyaran keken ɗinki, ta sami gurbi a makarantar koyon jinya, aka ba ta mako biyu ta kai takardarta. Sau huɗu tana zuwa, kullum sai ta rusuna ta gaishe shi.

"Baba, ya dawo kuwa?"

"Bai dawo ba, 'yata. Ki leƙo jibi."

"To, Allah ya dawo da shi lafiya."

Kawu ya ce gara a zage shi da wannan addu'ar.

A zuwa na biyar ta taho da mahaifinta da wata lauya mai taimaka wa marasa ƙarfi. Lauyar ba ta ɗaga murya ba. Ta ce wa mai kwalejin takardar shaida ta mai sunan da ke kanta ce, amana aka ba su, ba jingina ba. In suna da wata magana da yarinyar, ƙofar kotu a buɗe take, amma riƙe takarda ba huruminsu ba ne. Ta ajiye masa wasiƙa a tebur.

Sai mai kwalejin ya zaro ido. "Wa ya riƙe? Ni ban da labari! Malam, ina makullin?"

A gaban yarinyar Kawu ya sa hannu aljihu. Yana zaro makullin, ya suɓuce ya faɗi. Ita ce ta sunkuya ta ɗauko, ta miƙa masa da hannu biyu.

"Ashe kai ne, Baba," in ji ta.

Mahaifinta ya girgiza kai. "Haba, ɗan'uwa. Da furfurarka?"

Wa'adin makarantar jinyar ya riga ya wuce da kwana biyu.

Ranar Kawu ya zo gidanmu, aka sa masa abinci ya kasa ci. Ya ce wa mahaifiyata, "Yaya, umarni aka ba ni."

Ta ce, "Na ji. Amma bakin da ya yi ƙaryar na wa ne?"

Washegari ya buɗe durowoyin nan, ya kwashe lambobin wayar masu takardu. Ɗaya bayan ɗaya ya kira su, ya ce kowa ya nemi tasa a rubuce, ya riƙe kwafin wasiƙar, in an hana shi ya nemi lauya. Wasu sun gode, wasu sun tambaye shi ina yake tuntuni. Kafin wata ya ƙare aka sallame shi.

Yanzu yana zama a shagon kwafin takardu na wani surukinmu. Duk ɗalibin da ya zo, sai ya mayar masa da ta asalin, ya ce, "Wannan kwafin za ka bayar. Wannan kuwa a nuna, a dawo da ita gida."

Yarinyar ta shiga makarantar jinya da shekara ta zagayo. Rannan Kawu ya hango ta a bakin titi cikin farin kaya tana jiran mota. Ya ce ya so ya je ya nemi gafara, amma ya kasa. Ya koma bayan wata rumfa ya tsaya, har motar ta zo ta tafi da ita.