Baba Chollom, Mai Kiɗa wa Finafinan da Ba Sa Magana

Kowace Laraba, ko ana tsuga ruwa, Baba Chollom yakan fito daga gidansa a unguwar Moss Side da na'urar majigi a jaka, ya hau bas zuwa wani gidan kula da tsofaffi a Old Trafford. A rataya farin ƙyalle a bango, a turo masa tsohon fiyano. Finafinan na zamanin da ne, gajeru, babu murya: saurayi a bakin teku yana bin budurwa da malafa a hannu, kujera ta naɗe da shi, igiyar ruwa ta kwashe shi ƙafafu sama. Baba ke bin kowace faɗuwa da kiɗa.

Makaɗin coci ne, mutumin Jos. Saboda matarsa ya fara zuwa gidan, a can ake kula da ita: Mama Nanret, wadda ciwon mantuwa ya ci ƙarfinta har takan dube shi ta ce, "Malam, wa kake nema?" Wata rana aka saka irin fim ɗin, ya zauna ya kaɗa. Da saurayin ya faɗa ruwa, Mama ta yi dariya har da hawaye. Amma ba ta sake gane mijinta ba har ta rasu.

Su'ad, ma'aikaciyar gidan, ta ce, "Mun ɗauka bayan jana'iza shi ke nan. Sai ga shi da jakarsa. Na ce, 'Baba, ka huta mana.' Ya ce, 'Ɗiyata, sauran fa?'"

Daga baya har Sparkhill a Birmingham ake kiransa. Yawancin waɗanda ya sa dariya yanzu suna ƙarƙashin ƙasa, kuma ya san kujerar kowannensu.

Sanyin ƙashi ya tanƙware yatsunsa, likitansa ya ce ya daina. A nuninsa na ƙarshe hannun ya ƙage ana tsakiyar fim. Saurayin ya ci gaba da faɗuwa, ɗakin tsit. Wata tsohuwa ta juyo ta tambaya, me mutumin can ya yi yake shan wahala haka? Baba ya sunkuyar da kai.

Baba, kai ne ka zauna da waɗanda 'ya'yansu suka daina leƙowa, naka baƙin cikin yana cinka, ba ka fasa ba. Mun gode, Baba. Allah ya saka.

Fiyanon yana nan a rufe. Matasanmu masu kiɗa a coci, ku je. Baba ya ce zai zauna kusa da ku, ya taɓa muku kafaɗa in saurayin ya kusa faɗuwa.