Kada Ki Kalle Ni, Mama

Yayana mai ɗaukar fim ne, amma ba irin na soyayya da waƙa ba. Shi dai ya saɓa kyamara ya shiga duniya: tashar jirgin ƙasa, bakin teku wajen masunta, kasuwar garin da ko sunansa ba mu iya faɗa ba. Sai ya kafa kyamararsa ya tsaya kamar an dasa shi. Ba ya tambaya, ba ya bayani, ba ya sa kiɗa. Mutane na ta rayuwarsu, shi yana kwasa. A gida Gunki muke ce masa.

Dokarsa ɗaya ce: kada a kalli kyamara. A cewarsa, duk wanda ya ɗaga ido ya dube ta ya daina zama mutum, ya koma ɗan wasa. Irin wannan wurin yankewa yake yi ya goge, ko da wuni guda ya ɓata yana jiransa.

Fim ɗin da ya fito da sunansa na wani ɗan dako ne da ya zame a matakalar tasha da buhu a ka. Mutumin na kwance yana nishi, ƙafa ta karye, Yaya ko gezau. Har lambar yabo aka ba shi.

Na ce, "Yaya, ka dai ɗaga shi daga baya ko?"

Ya ce, "Ni asibiti ne? Kin san abin da ya burge ni? Ko sau ɗaya bai kalle ni ba."

Da tsufa ya kama Mama, abu ɗaya ya rage mata a rai: ɗanta ya zauna a gabanta su yi hira ido da ido. Shi kuwa ya gano tsufan nata abin ɗauka ne. Duk dawowarsa daga tafiya, kafin ya cire takalmi ya riga ya kafa kyamara tsakanin kabad da taga. Mama na ninke kaya, tana laluben tabarau, tana shafa wa gwiwa magani. Da ta ɗago tana murmushi za ta ce masa sannu da hanya, sai ya daka mata tsawa.

"Kada ki kalle ni, Mama! Kin ɓata min aiki. Sake."

"To, Babana, yi haƙuri," sai ta sunkuyar da kai ta sake ninke zanen da ta riga ta ninke.

Wallahi a lokutan nan na tsane shi. Na yi magana har na gaji, ya yi kunnen uwar shegu da ni. Mama kuma ta ce in bar shi, da haka yake ci. A hankali ta ƙware. Da ta ji motsin jakarsa a ƙofa, sai ta kau da fuska tun bai ce ba.

Ranar da jikinta ya yi tsanani na kira shi, ya iso da rana tsaka. Abin mamaki, ya bar jakar a falo, ya durƙusa a bakin gado hannu sake.

"Mama, ni ne. Dube ni."

Tana jin muryarsa ta juya ta fuskanci bango. Ta lalubo hannuna ta ce a hankali, "Gaya masa ya ci gaba. Ba zan ɓata masa ba." A haka ta cika, bayanta yake gani.

Daga nan ya kulle kansa a ɗakin aikinsa yana bin duk abin da ya ɗauka nata. Ga ƙeyarta, ga kunnenta, ga hannuwanta a kan zane. Duk inda ta dube shi, da hannunsa ya riga ya goge tun tuni.

Ya san akwai wani hoto a wayata, wanda ya taɓa cewa shirme ne don ya karkace. Mama ce take kallon mai ɗauka tana dariya har da hawaye. Jiya ya zo ya tsaya a ƙofar kicin, ya rame, gemu buzu-buzu.

"Ƙanwata, don Allah ki turo min hoton nan."

Na ci gaba da wanke tukunyata. Ya daɗe a tsaye, ban ɗago ba.