Riƙon Ƙwaryar Yaya Sabo

Shekara arba'in da 'yan kai ke nan da rasuwar yayana Sabo, kuma har yau ba a amsa tambayar da ya kai kotu ba. Kwanan baya na ji ana jayayya a rediyo, wai mai babbar difloma zai iya shugabantar kwalejin fasaha ko sai mai digiri. Na miƙa hannu na kashe rediyon. Gardamar da ta cinye min ɗan'uwa ce, ga ta nan da ranta da lafiyarta, shi kuwa ƙasa ta daɗe da rufe idonsa.

Yaya Sabo ya fara taɓa inji ne a garejin kamfanin kuza inda mahaifinmu ya yi aiki. Daga baya ya yi karatu ya samo babbar difloma, ya kama koyarwa a wata kwalejin fasaha a nan Jos. Da Baturen da ke shugabantar makarantar ya tattara ya koma ƙasarsu, sai aka ce Yaya ya yi riƙon ƙwarya kafin a naɗa shugaba. Ranar ya shigo gidanmu na Dutse Uku da hula a karkace, baki har kunne. Inna, mahaifiyarmu, tana dama fura, ta saurare shi har ya gama.

"Ƙwaryar wa aka ba ka riƙo?" in ji ta.

"Inna, haka dai ake faɗa. Kujerar tawa ce."

"To, Allah ya sa. Ni dai a sanina, in aka ce maka riƙe min, akwai mai zuwa ya karɓa."

Mai karɓar kuwa ya zo, kuma ba baƙo ba ne. Mista Gyang ne, abokin aikinsa mai digirin injiniya, wanda ke cin tuwon Sallah a zaurenmu, mu kuma mu ci shinkafar Kirsimeti a gidansa na Tudun Wada. Dokar makarantar ta ce shugaba ya zama mai digiri ko makamancinsa. Hukumar makarantar ta ce difloma ba makamanciyar digiri ba ce, ta naɗa Gyang. Yaya ya ɗauki lauya ya shigar da ƙara.

Ba zan wanke yayana don ya mutu ba. Mutum ne mai taurin kai, in ya kafe ko Inna ba ta iya tanƙwara shi. Gyang bai ƙwace masa komai ba, nema ya yi kamar kowa, kuma ya cancanta. Amma na san abin da ke cin Yaya a rai: an yarda ya isa ya riƙe makarantar, ba a yarda ya isa a kira shi shugabanta ba.

Alƙali ya ce kowa ya tsaya inda yake har a yanke hukunci. Yaya ya ci gaba da riƙo, Gyang yana da naɗi ba shi da ofis. Malamai suka rabu gida biyu, har ba a gaisawa a ɗakin shan shayi. In inji ya lalace sai ya zauna a lalace, don ba wanda ya san sa hannun wa za a karɓa a sayo kayan gyara. Lauyoyi kuma suna can suna jan kalma ɗaya, makamanci, yau a ɗaga shari'a, gobe a canja alƙali. Yaya ya rame, ya daina zama a zaure, hawan jini ya kama shi.

A shekarar da soja suka miƙa mulki ya faɗi a ofis. Na same shi a gadon asibiti wata la'asar, bakinsa ya ɗan karkace. Ya nuna min aljihun rigarsa, na zaro mabuɗan ofis.

"Binta, kai wa Gyang."

"Yaya, ka janye ƙarar ke nan?"

"Ban janye ba. Ki ce masa ya riƙe min."

Na kai saƙon yadda aka ba ni. Gyang ya karɓa da hannu biyu. Ba a yi mako ba Yaya ya cika. Kotu ta rufe shari'ar saboda mai ƙara ya rasu, ba ta ce difloma makamanciyar digiri ce ba, ba ta ce ba ita ba ce.

Gyang ya shugabanci makarantar shekaru masu yawa, ya kuma gyara ta. Amma duk sanda muka haɗu a Gada Biyu, sai ya rage murya ya ce da irin Hausarsa, "Ƙanwana, ƙwaryan oga Sabo yana hannuna har yanzu." Ba da wasa yake faɗa ba.

Nakan tambayi kaina me Yaya zai ce da ya ga yau. Jikokinsa biyu masu babbar difloma ne, kuma a wurin neman aiki ana yi musu kallon da aka yi masa. Ina jin zai ce a sake ɗaukar lauya, ni kuma da zan roƙe shi ya bari, don na ga abin da kotu ta bar mana. Abin da zai fi ƙona masa rai shi ne Jos ɗin kanta, yadda unguwanni suka rabu har mutum yana lissafi kafin ya taka wata unguwa.

Yaya bai bar gadon gida ba, bai bar muƙami ba, ko a sanarwar rasuwarsa mai riƙon ƙwarya aka kira shi. Abin da ya bari shi ne mutum ɗaya da ya yarda kujerar tasa ce, kuma shi ne Gyang, mutumin da Yaya ya kai ƙara. Gyang ya rasu a lokacin da ake rikici, gari ba lafiya. 'Ya'yana suka hana ni zuwa Tudun Wada, na zauna a ɗaki ina kuka. Har aka binne shi ba wanda ya je daga gidanmu ya ce masa ya sauke, riƙon ya isa.